Kundin Aikin Fim ɗin Mai Gyaran Agogo

4 ga Fabrairu

Yau na buɗe kundin wannan aiki. Shekaru na yi ina ɗaukar wa wasu daraktoci hoto: su faɗi abin da suke so, ni in nemo haske, in riƙe fokas, in tabbatar batir bai mutu ana tsakiyar magana ba. Wannan karon fim ɗin nawa ne, ni ne darakta, ni ne kuma mai riƙe da kyamara. Ba ni na fara bin wannan hanya ba. Da yawa cikin masu yin dokumentari ta bayan kyamara suka shigo. Kirsten Johnson, 'yar Amurka, ta yi sama da shekara 20 tana ɗaukar wa wasu hoto, har da fim ɗin Laura Poitras a kan Edward Snowden, sannan a 2016 ta tsinto daga abin da ta ɗauka tsawon shekarun ta haɗa fim nata na kanta.

Nawa fim ɗin a kan wani dattijo ne mai gyaran agogo, irin wanda ake murɗawa, mai sifirin da ƙananan haƙora a ciki. Sana'ar ta fara ja da baya tun Disambar 1969, lokacin da kamfanin Seiko ya fitar da Astron, agogon hannu na farko mai aiki da dutsen kwaz da ya shiga kasuwa. Kafin a jima irinsa ya yi arha, ya fi na murɗawa riƙe lokaci, in ya lalace kuma mutane ba sa neman mai gyara, sabo suke saye. Abin da nake so in ɗauka shi ne hannu da ido na mutumin da ya ƙi barin sana'ar.

Kuɗin daga aljihuna ne. Kyamara da ƙafarta da fitila ɗaya nawa ne. Abin da na tara na kasa shi gida uku: mai ɗaukar sauti, faifan ajiya da hayar lens, sai tacewa.

7 ga Fabrairu

Na je ban ɗauki kyamara ba. Baba ya saurare ni bai ɗago daga teburinsa ba, sannan ya ce, "Ɗan nan, me za a kalla a nan? Ni fa zaune nake daga safe har yamma." Na ce, "Baba, zaman nake so." Ya yi dariya, ya ce in dai ba zan tare masa haske ba, bismilla.

Na karanta masa takardar amincewa, ya miƙa wa 'yarsa ta sake karantawa a bayan labulen da ya raba ɗakin biyu. Tambayarta ita ce ko za su ga fim ɗin kafin kowa ya gani. Na ce za su gani, ta ce in rubuta. Na rubuta da biro a ƙasan takardar.

11 ga Fabrairu

Gwajin haske. Ɗakin ƙarami ne, kuma haske iri uku ke faɗa da juna a cikinsa. Na taga fari ne mai ɗan shuɗi, wajen 5,600 a ma'aunin Kelbin. Ƙwan teburin Baba ja-ja ne, wajen 3,000. Sai doguwar fitilar silin mai zuba ɗan kore a fatar mutum. Duk wanda na saita kyamara a kansa, sauran biyun sai su ɓata hoton.

Da na duba a kwamfuta kuma sai na ga hoton yana kiftawa. Kyamarar tana kan firam 24 a daƙiƙa, wato hotuna 24, shota kuma, wato tsawon lokacin da kowane hoto ke shan haske, 1/48 na daƙiƙa, yadda ake ɗaukar fim ɗin sinima. Wutar ɗakin kuwa mai zagaye 50 ce a daƙiƙa, wato fitilar tana kiftawa sau 100. Ido ba ya kamawa, kyamara tana kamawa. Na mayar da ita firam 25, shota 1/50, kiftawar ta ɗauke. A haka duk fim ɗin zai tafi.

Abin da ya fi damuna shi ne iyakar yadda zan taɓa ɗakin. Robert Flaherty, a fim ɗinsa na 1922 a kan mutanen Inuwit na arewacin Kanada, da ya ga kyamararsa ba za ta samu wuri da haske a ɗakin ƙanƙara ba, sai ya sa aka gina wani aka bar gefe ɗaya a buɗe, mutanen suka shiga suna yi kamar a gida suke. Har yau ana gardama a kan wannan. Ni ba bango zan cire ba, amma kashe fitilar mutum ma ai taɓawa ce. Na tsayar da cewa ƙwan teburinsa yana nan, don da shi yake gani. Fitilar silin za a kashe in ya yarda, in haska silin ɗin da tawa, hasken ya dawo ƙasa a tausashe. Ya yarda, ya ce dama tana sa shi ciwon kai.

13 ga Fabrairu

Buɗe ɗaki, goge tebur, jera kayan aiki. Masu kawo gyara kaɗan ne. Baba ya daina kallon kyamara.

18 ga Fabrairu

Lens ɗin ɗaukar ƙananan abubuwa ya iso. Zuciyar agogon murɗawa wata 'yar taya ce mai kaiwa da komowa a kan siririn sifirin. A tsofaffin agogo tana bugawa sau 18,000 a awa, wato 5 a daƙiƙa. Da yawa cikin na baya-bayan nan 28,800 ne, wato 8. A firam 25 ba ka ganin tayar, sai hazo-hazo. Na koma firam 100 domin in an rage gudun hoton a ga yadda take juyawa, sai shota ta koma 1/200, wato sai an ninka haske sau huɗu. Sannan in lens ya matso iyakar matsowarsa, abin da ke cikin fokas bai wuce milimita 1 ba ko da an tsuke ƙofar haskensa zuwa f/8. Mota ta wuce a titi, hoto ya girgiza. Na jingina da tebur, fokas ya tafi.

Amma hotunan sun yi kyau ƙwarai, jan dutsen da ƙafar tayar ke zama a ciki har ƙyalli yake. Na tsawaita hayar lens ɗin, kuɗin ya fito daga kason faifan ajiya.

21 ga Fabrairu

Mai ɗaukar sauti ya fara zuwa. Ya sa abin kunnensa, ya yi shiru, sannan ya ce, "Ka san inda ka kawo ni kuwa?"

Agogon bango, na tebur, na cikin aljihun tebur, kowanne da bugunsa. Kunnen mutum yana sabawa ya manta da su, makirufo ba ya mantawa. Wahalar tana jiran mu a wajen tacewa: in ka yanke maganar Baba ka haɗa ta da wata, bugun da ke baya zai yi tuntuɓe, mai kallo ya ji yankan ko da bai gane abin da ya ji ba. Da izinin Baba muka riƙa tsayar da manyan masu ƙara lokacin hira kawai. Muka ɗauki bugun kowannensu shi kaɗai, muka ɗauki shirun ɗakin na minti ɗaya da safe da kuma na yamma, don ba iri ɗaya ba ne. Da waɗannan ake like wurin yanka. Ƙaramin makirufon da ake maƙalawa a riga ya fi jin agogon aljihun Baba a kan muryarsa, sai da agogon ya koma tebur.

Akwai kuma babban agogon bangon da ke bayan kansa, wanda yake tafiya daidai. Duk yankan da na yi zai tona shi: jimla ta fara ƙarfe 10:15, ta ƙare ƙarfe 3:40. Mai sauti ya ce in juya kyamara in huta. Ni na fi so a bar shi. Ban taɓa ce wa mai kallo ba a yanke fim ɗin ba, don me zan ɓoye shaidar?

25 ga Fabrairu

Hira da safe. Ya ba da labarin maigidansa da ya koya masa aiki, har muryarsa ta karye a wani wuri. Yamma, hotunan hannu.

27 ga Fabrairu

Hotunan hannu. Ba wani abu.

3 ga Maris

Muna tattara kaya mai sauti ya miƙo mini abin kunnensa, ya ce in saurari wani wuri daga ɗaukar ranar 27. A hoto, hannun Baba ne riƙe da hantsaki a kan buɗaɗɗen agogo, haske ya zauna, ɗaya daga cikin waɗanda na fi so. A sauti, can ƙasa, ana ajiye ƙaramar sukundireba, ana hura ƙura da 'yar roba, ana danna murfin agogo ya rufe. Babu ko ɗaya da ya fito daga hannun da ke cikin hoton. Daga bayan labule suke fitowa.

Da dare muka bi sauran ranakun ɗaya bayan ɗaya. Baba yana buɗe agogo, ya kai shi kunne, ya faɗi ciwonsa, ya nuna wurin da bakin hantsaki. Amma babu inda ya kwance ƙananan sukurori, babu inda ya ɗiga mai. In mai agogo ya tafi, sai agogon ya hau ɗan faranti ya wuce bayan labule. 'Yarsa ce ke aikin. Idonsa ya yi rauni, hannun kuma yana ɗan rawa, a hotunan firam 100 ana ganin rawar sarai.

Duk wannan a gabana aka riƙa yi, idona yana cikin kyamara. Mai riƙe da kyamara abin da ke cikin firam kaɗai ya sani, hankalinsa yana kan fokas da haske da gefen hoto, kuma haka ya kamata. Darakta kuwa aikinsa ya ga abin da ke wajen firam, ya lura da wanda ya tashi, da wanda ya yi shiru, da inda faranti ya nufa. Taura biyu ba sa taunuwa. Shi ya sa 'yan'uwan nan biyu na Amurka, Albert da David Maysles, suka raba aikin, Albert da kyamara, David da sauti. Frederick Wiseman kuwa, duk da shi ne darakta, makirufo ya zaɓi riƙewa a finafinansa, ya bar wa wani kyamara, idanunsa biyu a sake suna yawo a ɗaki, yana yi wa mai kyamara ishara da inda zai juya.

Fim ɗin da na zo yi na tsoho ne shi kaɗai da sana'arsa mai mutuwa. Wanda ke cikin ɗakin na mutum biyu ne, kuma sana'ar ba ta mutu ba, tebur ta sauya.

5 ga Maris

Na je ba kyamara, ba mai sauti. Na jira ɗakin ya zama babu baƙo, na ce, "Baba, akwai maganar da nake so mu yi." Na faɗi abin da muka ji. Ya daɗe bai ce komai ba, sannan ya ce, "Mutane sunana suke kawo wa agogonsu. Ranar da suka ji ido ya tafi, su ma sun tafi." Daga bayan labule ta ce, "Baba, ai kunnen naka ne, ni hannu ce kawai." Ya ce, "Ke, yi shiru." Ya juyo gare ni: "Ɗan nan, ɗauki fitilarka, ka ɗan ba mu lokaci."

Takardar da ya sa wa hannu tana jakata, kuma ta ba ni damar amfani da duk abin da na ɗauka. Sai dai ya sa hannu ne a kan fim ɗin da ya zaci za a yi, ba wanda zai taɓa abincinsa da mutuncinsa ba. Shi kuma fim ɗin farko ina da hotunan da za su ishe ni in gama shi: hannun Baba a kan agogo, a yanke, agogo yana tafiya. Kowane hoto gaskiya ne, haɗin kuwa ƙarya. Ba zan yi wannan ba, ba kuma zan yi wancan ba sai ya ce to. Aiki ya tsaya.

10 ga Maris

Shiru. Na karɓi aikin ɗaukar hoto na wani, don kuɗin mai sauti na watan gobe.

12 ga Maris

Faifan ajiya ɗaya ya mutu. Sai ƙara yake, kwamfuta ba ta ganinsa.

Kyamarata tana rubuta megabit 100 a daƙiƙa, wato gigabait 45 a kowace awa, shi ya sa wuri ke cika da wuri. Ƙa'idar da ake bi a wannan sana'a ita ce kwafi uku, a kan ma'aji iri biyu, ɗaya a ajiye a wani wuri daban. Biyu gare ni, kuɗin na ukun ya tafi hayar lens. Faifai na biyu yana lafiya, amma da na gwada jerin fayilolinsa da littafin ɗauka sai na ga babu hoton safiyar 25 ga Fabrairu. Kwafin ranar ya katse a hanya, katin kyamarar kuma an riga an goge an ɗora wani abu a kai. Hirar maigidansa ke nan. Sautin yana nan a wurin mai sauti, fuskar ce babu.

Masu ceto fayil sun faɗi kuɗin da ya ninka na sabon faifai sau da yawa, kuma ba su yi alkawarin komai zai dawo ba. Na haƙura. Na sayi faifai biyu, ɗaya zai riƙa kwana a wani gida daban. Daga yau ba a goge kati sai manhajar kwafi ta tantance cewa abin da ya isa daidai yake da abin da ya taso. Kason tacewa ya ragu da kusan kashi ɗaya cikin huɗu.

17 ga Maris

Amsar wata gidauniya da na nemi tallafinta tun kafin a fara ɗauka ta zo: ba su ɗauke ni ba. Na sake karanta abin da na tura musu. Sana'a mai gushewa, tsoho na ƙarshe, hannu mai hikima. Irin wannan takarda duk mai tantancewa ya gaji da ganinta.

20 ga Maris

'Yar Baba ta kira, ta ce Baba ya ce in zo.

Sharaɗinsa shi ne babu wata murya da za ta hau kan hoto tana bayyana halin da idonsa ke ciki. In za a faɗa, shi zai faɗa, da bakinsa, ranar da ya ga dama. In bai faɗa ba kuma, babu fim. Dama ban yi niyyar sa mai ba da labari ba, amma rabin sharaɗin na biyu yana nufin zan ci gaba da kashe kuɗi a kan abin da ba lallai ya fito ba. Na yarda. Mun rubuta sabuwar takarda, wannan karon ita ma ta sa hannu a tata.

24 ga Maris

Na sauya yadda nake ɗauka. Kyamara a kan ƙafarta, lens mai faɗi, tebur da labule da kujerar baƙo duk a cikin firam, an tsuke lens yadda kowa zai shiga fokas. In na danna sai in ja da baya, in bar ƙaramin allo a gefe ina satar kallonsa, idona a kan mutane. Hoton bai kai na da kyau ba ko kusa. Hannuna yana ta ƙaiƙayin ya matso da kyamara.

An ɗage labule rabi. Teburinta ya fi nasa tsari.

27 ga Maris

Wani mutum da ya daɗe yana kawo gyara ya zo da agogon hannu, ya ce yana gudu fiye da kima. Baba ya buɗe, ya kai kunne, ya ce maganaɗisu ne ya kama siririn sifirin, zagayensa suna mannewa da juna, shi ya sa bugun ya ƙaru. Na zaci zai ce masa ya dawo jibi kamar kullum. Sai ya ɗaga murya ya ce, "Zo ki karɓa." Ta fito. Ya ce wa mutumin, "Ita za ta yi. Ta daɗe ita ke yi, ni ji kawai nake."

Mutumin ya dubi Baba, ya dube ta, ya dubi agogonsa da ke tafin hannunta. Shirun ya yi tsawo. Sannan ya tambaye ta, ita, yaushe zai dawo.

Duk ukun suna cikin firam, ban taɓa kyamara ba. Da a kan hannu nake kamar da, da fuskar mutumin ta wuce ni. Bayan an gama na bi shi waje na yi masa bayani, ya sa hannu a takarda.

Ko Baba zai faɗi wannan magana in babu kyamara a ɗakin? Ina jin ba zai faɗa ba, ko ba yanzu ba. Zuwana ne ya tura shi. Masu cewa kyamara tana kallo ne kawai ba ta taɓa komai, ban san irin ɗakin da suka yi aiki a ciki ba. Wannan yana cikin dalilan da suka sa dole in nuna musu kafin kowa.

1 ga Afrilu

Na roƙe shi ya sake ba da labarin maigidansa. Ya bayar, amma ya fi guntu, ya fi santsi, muryar ba ta karye ba. Sautin farko zan yi amfani da shi, in ɗora shi a kan hoton tsoffin kayan aikin da ya gada.

4 ga Afrilu

Hotunan hannunta. Na sake hayar lens ɗin na wuni ɗaya tak. Ɗauka ta ƙare.

9 ga Afrilu

Tacewa. Na fara da rubuta duk maganar da aka yi a takarda, da lokacin kowacce, aiki mai gajiyarwa amma ba makawa. Manhajar tacewa ta DaVinci Resolve muke amfani da ita, wadda ake saukewa kyauta. Kwamfutar ba ta iya jan ainihin fayilolin, sai da muka yi musu ƙananan kwafi marasa nauyi na aiki, in an gama a mayar da na ainihi. Kowace fitowa na rubuta ta a kati na manna a bango.

Saboda kuɗin ya ragu, mai tacewa za ta riƙa zuwa rana biyu a mako, sauran ranakun ni ne.

15 ga Afrilu

Mun yi ta ja da mai tacewa. Haɗin farko da na yi ya kai awa 1 da minti 18, ta kalla har ƙarshe ta ce kusan kwata na tallan agogo ne. Hotunan 18 ga Fabrairu take nufi, waɗanda suka cinye mini faifai na uku. Ta ce duk inda labari ya fara tafiya sai in tsayar da shi in nuna wa mutane na iya ɗaukar hoto. Na kare su iyakar ƙarfina. Ta ce, "Da wani ne ya ɗauko maka su, da tuni ka zubar."

Wannan ita ce illa ta biyu ta haɗa aikin biyu a jikin mutum ɗaya. Daraktan da aka ɗauko wa hoto yana duban abin da hoton zai yi wa labari. Wanda ya ɗauka da kansa yana tuna ciwon bayan da ya sha a kansa. An bar kaɗan: tayar tana juyawa a farkon fim, da wanda ake ganin bakin hantsakin Baba yana rawa a saman sukurun da ya kasa kamawa. Wannan na biyun sai na ji ta bakinsa.

Agogon bangon nan mai tona yanka, ita ma ta ce a bar shi.

22 ga Afrilu

Tsari. Yaushe mai kallo zai san abin da ke bayan labule? In an faɗa tun farko, babu abin jira. In an ɓoye har ƙarshe, an mai da rayuwar mutane wasan ba-zata. Mun tsaya a kan cewa ƙarar aikinta za ta kasance a cikin sauti tun fitowa ta farko, a ɗan ɗaga ta yadda mai kunne zai ji, faranti kuma a gan shi yana wucewa ba tare da an nuna shi da yatsa ba. Labule zai ɗagu wajen kashi ɗaya cikin uku na fim. Ranar 27 ga Maris za ta zo kusa da ƙarshe, a ɗauka ɗaya, ba yanka. Yanzu muna minti 55.

28 ga Afrilu

Na kai musu fim ɗin a kwamfuta bayan an rufe ɗaki. Baba ya matso da kujera dab da allo.

Jean Rouch, Bafaranshen da ya yi yawancin aikinsa a Nijar, yana cikin waɗanda suka mai da wannan al'adar aiki. A shekarun 1950 ya koma Ayorou ya nuna wa masuntan Sorko fim ɗin da ya yi a kan farautar dorina, suka ce ya cire kiɗan da ya ɗora a kan farautar, don a wurinsu kiɗa ƙarfin zuciya yake ƙara wa dorina. Gyaran da mutanen cikin fim kan kawo ba kasafai yake zama wanda ka shirya wa ba.

Ni na shirya wa maganar hoton rawar hannu. Da aka zo wurin, 'yarsa ta dube shi, ya ce, "A bar shi, ai haka yake." Fitowar ranar 27 ga Maris ma bai ce komai ba. Wurin da ya tsayar da ni tun a mintin farko ne. Ya ce, "Ɗan nan, mayar baya. Wannan bugun ba na wannan agogon ba ne." A kan hoton tayar tsohon agogo mai bugu 5 a daƙiƙa, na ɗora sautin wani mai bugu 8, saboda shi ya fi fita tas a cikin abin da muka ɗauka, kuma hoton an rage masa gudu, ba za a ce bai dace ba. Ni da mai tacewa da mai sauti duk mun kalli wurin ba adadi. Baba ya ce duk mai gyaran da ya ji wannan zai ce a ɗakinsa ba a san agogo ba.

Ita kuma ta ce a cire wurin da ake ganin littafin masu kawo gyara a buɗe, sunayen mutane suna karantuwa. Ta yi gaskiya, an cire.

2 ga Mayu

Mun koma da mai sauti, muka ɗauki bugun kowane agogon da ya fito a fim, Baba yana miƙo su yana faɗin wane ne wane. Na biya mai sauti kuɗin wuni guda da ba ya cikin lissafi.

6 ga Mayu

An kulle hoto a minti 52. Akwai lokacin da na yi tunanin matse shi ƙasa da minti 40 ya shiga sahun gajerun finafinai, don a nan hukumar kyautar Oscar ta ja layi, kuma bukukuwa da dama suna bin wannan iyaka. Fitowar ranar 27 ba za ta yi nauyi ba in ba a zauna da mutanen sosai kafin ta zo ba. Minti 52 kuma shi ne tsawon da gidajen talabijin da yawa ke saye.

Abin da ya rage: gyaran launi, wanda zan yi da kaina, mafi wahalarsa daidaita hotunan Fabrairu da na Maris don hasken taga ya sauya. Haɗa sauti sai ƙwararre, kuma zan ce ya fitar da kwafi a kan ma'aunin ƙarar da gidajen talabijin na Turai ke bi, wato -23 LUFS. Sai fassarar ƙasan allo zuwa Turanci da Faransanci, sai kwafin DCP da majigin sinima ke karɓa. Kuɗin da ke hannuna zai ɗauki haɗa sauti kaɗai, don haka na karɓi wani aikin ɗaukar hoto a ƙarshen wata.

Bikin finafinan dokumentari na IDFA a Amsterdam, wanda ake yi duk shekara tun 1988, shi ne na farko a jerin inda zan tura, gobe zan duba ranar da suke rufe karɓa. Na kuma fara rubuta takardar fim na gaba, kuma a kasafinsa na sa layin albashin mai kyamara ta biyu na ranakun hira da ranakun da baƙi ke shigowa.

Gyaran launi zai fara ranar 9.